1807 ko 1936? Yaushe Bauta Ta Ƙare a Arewa?

[Hoto: teburin mai shayi a Terminus, Jos, da safe]

A wannan teburin gardamar ta same ni. Wani ya ɗaga waya yana karanta abin da ke yawo a Facebook, wai tun 1807 Turawa suka hana bauta. Wani dattijo ya ajiye kofinsa ya ce, "Yaro, to kakata da aka sayar tana budurwa fa? A zamanin wa aka yi?" Kowa ya yi tsit. Har mai shayin ya bar ƙwansa yana ƙonewa.

[Hoto: taswirar Tekun Atilantika]

Bari mu bi da sauri. Kusan mutum miliyan goma sha biyu da rabi aka loda a jiragen ruwa daga Afirka. A 1807 majalisar Ingila ta hana jiragenta wannan fatauci. Fataucin ta hana, ku riƙe kalmar. Wanda ke hannun ubangidansa yana nan yadda yake. A galibin ƙasashen da Ingila ke mulka a lokacin sai 1834 dokar 'yantarwa ta fara aiki, Amurka 1865, Burazil kuwa sai 1888. Af, a wannan 1807 ɗin ma an bankaɗo shirin tawayen bayi Hausawa a Bahiya ta Burazil. Wannan labarin wata rana ne.

[Hoto: duwatsun Shere daga sama]

Mu dawo gida. Waɗannan duwatsun da muke hawa ɗaukar hoto, mafaka ce a da, ta mutanen da ke gudun mahara daga ɓangaren Bauchi da Zazzau. Masana tarihi sun ƙiyasta cewa wajen 1900 akwai bayi tsakanin miliyan ɗaya zuwa biyu da rabi a Daular Sakkwato, da yawansu a rinji, wato ƙauyen bayi, suna noma.

To, ga inda ake ruɗewa.

[Hoto: tsohuwar takarda, a matso kusa]

A 1901 Lugga, Baturen da Ingila ta ɗora kan mulkin Arewa, ya fitar da sanarwa. Ta hana kai hari don kama mutane, ta hana saye da sayarwa, ta kuma ce duk yaron da aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 ɗa ne, wato ba bawa ba. Amma ba ta ce mallakar bawa laifi ba ne. Kuma ku lura, a lokacin Bature bai ma ci Kano da Sakkwato ba, sai 1903.

Ku ɗauki gida ɗaya. Uwa baiwa ce. Ta haifi ɗa a Maris na 1901, ta haifi ƙaninsa bayan shekara biyu. Nono ɗaya suka sha, tabarma ɗaya suke kwana. Ƙanin ɗa ne a doka, yayan kuwa bacucane ne, na ubangidan uwarsa.

Yaya yayan zai fita? Idan ya gudu, hukuma ba ta maraba da shi, samun gona a wani gari ma wuya ne. Hanyar da aka buɗe masa ita ce gaban alƙali. A yanke kuɗin fansa, ya nemi izinin yin aikin kansa, yana biyan ubangidansa murgu, wato kuɗin wannan izinin, yana kuma biyan fansar kaɗan-kaɗan har ta cika, a ba shi takarda. Wato da guminsa zai sayi kansa daga hannun wanda ya riga ya ci guminsa. Mata kuwa abin ya fi tsanani, musamman ƙwarƙwarori, don sau da yawa wani namiji ne ke biyan fansar ya tafi da ita gidansa.

Me ya sa Lugga ya yi haka? Jami'ansa 'yan ƙalilan ne, da sarakuna yake mulki, arzikin masu sarauta kuma a gandu yake. A ganina dai lissafi ya yi, ba tausayi ba: a toshe mashiga, a bar waɗanda ke ciki su ƙare da kansu.

[Hoto: komawa teburin shayi, ana zuba ruwan zafi]

Sai 1936 aka yi dokar da ta soke bauta gaba ɗaya a Arewacin Najeriya. Yaron nan na Maris 1901, idan bai fanshi kansa ba, yana da shekara 35 a lokacin, watakila da 'ya'yansa sun isa aure. Shi ya sa dattijon nan bai yi ƙarya ba. Na tambaye shi ko ya san garin da aka ɗauko kakar tasa. Ya girgiza kai, ya ce ita ma tsagar fuskarta kawai ta sani.