Amsoshin Tambayoyinku: Wace ce Sophia Loren?

Jama'a assalamu alaikum, barkanmu da sake haduwa. Wasikar farko yau daga wata 'yar uwa ce a Maradi, tace dan Allah a ba ta tarihin jarumar fim din nan ta Italiya Sophia Loren, kuma wai gaskiya ne ita ce ta fara cin kyautar Oscar da fim din da ba na Turanci ba?

To malama gaskiya ne in ana maganar kyautar da ake ba 'yan wasa, amma bari mu faro daga tushe. An haife ta a birnin Rum ranar 20 ga Satumba 1934, sunanta na yanka Sofia Villani Scicolone. Babanta ya ki auren mamanta Romilda, dole uwar ta kwashe ta suka koma gidan kakanni a Pozzuoli kusa da Naples, can ta taso cikin talauci ga yakin duniya na biyu ana ta ruwan bama-bamai a garin saboda tashar jirgin ruwa, har wata rana tana gudun neman mafaka wani guntun karfe ya yanke ta a haba. Tsabar ramarta yara tsinken sakace suke ce mata. Wannan yarinyar ce a 1950 ta shiga gasar sarauniyar kyau ta Italiya, daga nan ta fara samun 'yan kananan fitowa a fim, irin wadanda ake gani a bayan jarumai ko magana ba sa yi.

Furodusa Carlo Ponti shi ya rike hannunta, daga baya ma ya aure ta duk da ya girme ta da shekara 22. Auren nan ya sha rikici don yana da mata kuma lokacin dokar Italiya ba ta san saki ba, sai da suka karbi takardar zama 'yan Faransa sannan aka daura na gaske a 1966. Suna tare har rasuwarsa a 2007, 'ya'yansu maza biyu.

Yanzu ga batun Oscar din. Ta je Hollywood ta yi fina-finai da su Cary Grant da Frank Sinatra, ta samu kudi da suna, amma ni a ganina ba a ga ainihin Sophia ba sai da ta dawo gida ta yi La Ciociara a 1960 da darakta Vittorio De Sica. Ta fito a matsayin Cesira, bazawara mai shago da ta gudu daga Rum da 'yarta saboda yaki, a hanyar dawowa sojoji suka ci zarafinsu su biyun cikin wata rusasshiyar coci. Wallahi wurin da ta durkusa a tsakiyar titi tana ihu bayan motar sojoji ta wuce, ko ba ka jin Italiyanci sai tsigar jikinka ta tashi, don tsoron da yunwar duk ta san su tun tana karama, kuma shekararta 25 kacal ta dauki rol din uwa. A 1962 aka ba ta Oscar, ita ko wurin bikin ba ta je ba, tana gida a Rum fargaba ta hana ta, ta waya labari ya iske ta.

Sai wani bawan Allah daga Kumasi yake tambaya wai an taba daure ta? Eh an yi haka, a 1982 ta yi kwana 17 a gidan yari a Caserta kan zargin haraji, ita da kanta ta dawo kasar ta mika wuya. A 2013 kotun koli ta Italiya ta ba ta gaskiya a wata tsohuwar shari'ar haraji da aka dade ana ja.

Wanda kuma yake son ganinta da tsufanta ya nemi The Life Ahead na 2020 a Netflix, danta Edoardo ne ya ba da umarni, tana da shekara 86 lokacin da ya fito, ta fito tare da wani yaro dan asalin Senegal Ibrahima Gueye wanda a cikin fim din ta rike a gidanta a birnin Bari.

Mu leka wasika ta gaba.