Yau na shigo unguwar Nargis a Mumbai, mahaifiyar Ɗan Daba Mai Lasin

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da war haka. Ku yi haƙuri da ƙarar hon ɗin nan, Mumbai kenan, direban da bai danna hon ba a garin nan kamar bai fito aiki ba. Ina Bandra yanzu, kun ga ƙofar can da ke bayana? To Mehboob Studio kenan, wanda darakta Mehboob Khan ya kafa a 1954, kuma shi ne mutumin da ya yi Mother India. Eh, wannan fim ɗin dai da iyayenmu suka kalla a Plaza da El Dorado a Kano har wasu suka haddace waƙoƙinsa alhali ko kalma ɗaya ta Indiyanci ba su ji. Daga nan zan hau adaidaita mu haura Pali Hill, akwai titi guda da aka sa wa sunan matar da nake so mu yi hira a kanta, wato Nargis.

Yaran yanzu in ka ce Nargis sai su tsaya suna kallonka, amma ka ce Sanjay Dutt, Ɗan Daba Mai Lasin, nan take za su gane. To mahaifiyarsa ce. Su kuma manya in ka ambace ta abin da ke zuwa musu a rai tsohuwa ce mai furfura, jiki duk taɓo, tana jan garma da kafaɗarta. Ni abin da ya fito da ni yau kenan, don wallahi lokacin da fim ɗin ya fito a 1957 shekarunta 28 kacal, kuma 'yar birni ce ta gaske, ba ta tashi a gona ba.

An haife ta a Kalkata ranar 1 ga Yuni 1929, sunanta na yanka Fatima Rashid. Uwarta Jaddanbai mawaƙiya ce da ta yi suna, tana cikin matan farko da suka fara tsara kiɗan fim a Indiya, har kamfanin shirya fim gare ta, uban kuma ɗan gidan Hindu ne da ya musulunta ya koma Abdul Rashid. Uwar ce ta sa ta a fim tun tana 'yar shekara shida, a 1935. Ance ita burinta likitanci ne, to amma gidan da ka tashi ka ga ana kiɗa da kyamara safe da yamma, ina za ka? Tana 14 Mehboob Khan ya ba ta jaruma a Taqdeer, 1943, shikenan karatun likita ya bi ruwa.

Malam dakata, a hankali, ramin nan... yauwa. Kun san wani abu, adaidaitan nan iyakarsu Bandra, ba a barinsu su shiga tsohon gari ta kudu, can sai tasi ko bas ko jirgin ƙasa.

To mu koma. Ku je ku nemi finafinanta na kafin Mother India ku ga wata Nargis daban. A Andaz na 1949 ita ce 'yar attajiri mai hawan doki, Dilip Kumar na sonta ita kuma Raj Kapoor take so, su ukun a fim ɗaya, ku duba haɗi. A Awaara na 1951 lauya ce, ta tsaya a kotu tana kare saurayinta a gaban uban da ya ƙi shi. A Shree 420 malamar makaranta ce, nan ne suka yi wannan fitowar ta cikin ruwan sama da lema ɗaya wadda har yau in ka zaga shagunan hotuna a garin nan za ka gan ta. Finafinai 16 suka yi da Raj Kapoor, har tambarin kamfaninsa na RK, namiji riƙe da goge a hannu ɗaya mace a ɗaya hannun, daga wata fitowarsu a Barsaat aka ɗauko shi. Awaara ya karɓu a Tarayyar Sobiyat ba kaɗan ba, da suka je Mosko a 1954 mutane kamar su cinye su.

Soyayyarsu kuma ba ɓoyayya bace, kowa ya sani, matsalar ita ce Raj Kapoor na da mata da 'ya'ya. A wajenmu da tuni dangi sun zauna an ɗaura aure ta shigo a ta biyu an wuce wurin, amma a nan dokar auren Hindu ta 1955 ta hana ƙara mata, shi kuma bai saki uwargidansa ba. Ta yi ta jira har ta gaji, wajen 1956 ta tattara ta bar RK. Ni a ganina barin nan shi ne alheri mafi girma da ta yi wa kanta, don duk shekarun nan ana kallonta ne a matsayin ta Raj Kapoor, sai da ta fita sannan aka ga iyakar abin da za ta iya.

Mother India kam kun san labarin amma bari na tuna muku. Nargis ce ta fito a Radha amarya, surukarta ta ci bashin rufi 500, kuɗin Indiya, wajen Sukhilala mai ba da bashi da ruwa don a yi biki, mutumin nan ya murɗe takarda ya zama kashi uku cikin huɗu na amfanin gona nasa ne duk shekara. Miji dutse ya murƙushe masa hannuwa, kunya ta sa ya bar gida cikin dare, ambaliya ta zo ta cinye komai, ga yunwa, ga Sukhilala na yi mata tayin abinci in za ta ba da kanta ta ƙi. Duk wanda ya taso inda manomi ke cin bashi da damina ya biya da buhu da kaka ba sai an fassara masa ba. Ƙarshe ɗanta Birju ya zama ɗan fashi ya sace 'yar Sukhilala ranar aurenta, uwar ta ɗauki bindiga ta harbe shi da hannunta. Ku kalli yadda tafiyarta ke canzawa daga amarya zuwa tsohuwa, yadda kafaɗa ke sauka a hankali, wannan ba kwalliyar fuska bace kawai, aiki ne. Fim ɗin ya shiga jerin na ƙarshe a gasar Oscar, na farko daga Indiya, ita kuma ta ci kyautar gwarzuwar jaruma a bikin finafinai na Karlovy Vary a Turai a 1958.

Abin dariyar, wanda ya fito a Birju ɗin, Sunil Dutt, sa'anta ne, shekara ɗaya aka haife su wata ɗaya. Ana ɗaukar fitowar gobara a Gujarat iska ta juya wuta ta zagaye ta da gaske, ya faɗa ciki ya fito da ita shi ya ƙone, ta zauna jinyarsa, ranar 11 ga Maris 1958 suka yi aure. Uwa ta auri ɗanta na fim!

Yauwa mun iso, ga allon nan, Nargis Dutt Road. Unguwar masu kuɗi ce, shiru, ga bishiyoyi, yawancin tsofaffin gidajen an rushe an yi dogayen benaye.

Bayan auren ta ja baya da fim tana kan ganiyarta, ta haifi Sanjay da Namrata da Priya. Ta ɗan dawo a Raat Aur Din na 1967 inda ta fito a mace mai hali biyu, da rana matar gida da dare wata daban, kuma da shi ta zama mace ta farko da ta karɓi kyautar gwarzuwar jaruma ta ƙasa. Sauran lokacinta ita da mijin suna kai mawaƙa bakin iyaka su nishaɗantar da sojoji, tana kuma aiki da ƙungiyar kula da yara masu lalurar shanyewar jiki. A 1980 aka naɗa ta majalisar dattawa, Rajya Sabha, a can ne ta soki darakta Satyajit Ray wai yana tallar talaucin Indiya a waje don ya samu kyaututtuka. Nan kam ban bi ta ba gaskiya, Hajiya ke da kika ja garma a taɓo duniya ta kalla?

Ba ta daɗe a majalisar ba ciwon daji ya kama ta, aka kai ta New York, ta dawo gida ta rasu ranar 3 ga Mayu 1981 tana da shekara 51, saura 'yan kwanaki a fara haska Rocky, fim ɗin Sanjay na farko. An binne ta a maƙabartar Musulmi ta Bada Qabrastan da ke Marine Lines, can zan nufa yanzu ta jirgin Bandra kafin cunkoson yamma ya fara, amma ba zan kunna kyamara a maƙabarta ba. Ku tambayo min iyayenku a wace silima suka fara ganinta ku rubuto min, musamman 'yan Jos da Zinder. Sai mun haɗu.