Jiragen nukiliyar Faransa da na tarar a bakin tekun Brest

Assalamu alaikum 'yan uwa masu kallo. Yau ban fito da niyyar yi muku maganar yaƙi ko ta makamai ba, domin abin da ya tashe ni tun da sassafe shi ne in nuna muku teku, tunda kun sha rubuto mini cewa ɗan Damagaram da ya girma bai san ruwan da ya wuce tabki ba ya kamata ya nuna wa dangi inda Allah ya jefa shi. Na yanki tikitin ƙaramin jirgin ruwan da ke tsallakar da mutane daga Brest zuwa ƙauyen Le Fret, kimanin Yuro goma, wato jika shida da rabi a kuɗinmu, na samu wuri a gefe na saita kyamara. Muna dab da isa sai wani dattijo da ke zaune kusa da ni, riƙe da igiyar karensa, ya dafa hannuna ya ce, "Saurayi, juya na'urarka ɗaya gefen, nan ba a ɗaukar hoto." Na duba inda yake nufi, ban ga komai ba sai shinge da dogayen gine-gine masu ruwan toka da wani ƙaramin jirgin sintiri yana kai da komo. Da na tambaye shi dalili, sai ya ce wannan ce Île Longue, kuma a nan Faransa take ajiye jiragenta na ƙarƙashin teku masu ɗauke da makaman nukiliya.

Wallahi sai da tsigar jikina ta tashi. Shekara uku ina kwana ina tashi a garin nan, ina jin ana ambaton sunan wurin a rediyo, amma ban taɓa kawowa a raina cewa daga tagar ɗakina zuwa inda aka jibge makaman ƙare dangi bai wuce tsallaken ruwa ba. Abin da ya fi ba ni haushi kuwa shi ne yadda dattijon ya faɗi maganar, kamar mai kwatanta wa baƙo shagon burodi, sannan ya ci gaba da tauna gurasarsa yana gutsura wa kare.

Jiragen guda huɗu ne, sunayensu Le Triomphant da Le Téméraire da Le Vigilant da Le Terrible, kuma kowannensu ya kai tsawon mita 138, yana iya ɗaukar makamai masu linzami 16 samfurin M51, waɗanda ake harbawa daga ƙarƙashin ruwa su yi tafiyar dubban kilomita. Tun daga 1972 ba a taɓa wayar gari ba tare da aƙalla jirgi ɗaya yana can cikin teku a ɓoye ba. Mutanen da ke ciki sun haura ɗari, suna yin wata biyu da 'yan kwanaki ba su ga rana ba, ba sa aika saƙo gida, sai dai su karɓi ɗan gajeren saƙo daga iyali, kuma ko rasuwa aka yi musu ba a sanar da su sai sun dawo. Ni da nake ƙorafi idan kwana biyu suka wuce ban ji muryar Inna a waya ba, na ji kunyar kaina. Iya ɓuyan da jiragen nan suke yi har ya taɓa zame musu matsala, domin a watan Fabrairun 2009 Le Triomphant ya yi karo da wani jirgin Birtaniya mai suna Vanguard a tsakiyar tekun Atlantika, kowanne ɗauke da nasa makaman, babu wanda ya ji motsin ɗan uwansa.

Da muka sauka na ja dattijon da hira, ashe tsohon ma'aikacin tashar jiragen ruwa ne. Na ce masa, "Baba, yanzu ku ba kwa jin tsoron kwana kusa da wannan bala'i?" Ya yi dariya ya ce ai saboda wannan bala'in ne yake barci har da minshari. A nan ne na ga bambancin tunaninmu, domin abin da ni nake kallo a matsayin wuta a gindin rumbu, su inshorar rayuwar ƙasa suke kiransa.

Hujjar tasu ta samo asali ne daga wulaƙancin da suka sha. Jamus ta mamaye su a 1940 cikin makonni kaɗan, sannan a 1956, lokacin rikicin mashigin Suwez, Amurka da Tarayyar Sobiyet suka matsa musu lamba su da Birtaniya har suka janye daga Masar ba shiri. Janar de Gaulle, wanda daga baya ya zama shugaban Faransa, bai yarda cewa Amurka za ta sadaukar da biranenta don ta ceci Paris ba, shi ya sa ya dage sai Faransa ta mallaki nata bam ɗin, kuma ya kasance babu mai ba da umarnin harba shi sai shugaban Faransa shi kaɗai. Har yau haka abin yake. Ko da Faransa ta koma cikin rundunar haɗin gwiwa ta NATO a 2009, bayan ficewar da de Gaulle ya yi a 1966, ba ta shiga kwamitin da ke tsara amfani da nukiliya ba.

Dabarar da suke taƙama da ita kuwa, Bahaushe ya riga su faɗa, ɗan hakin da ka raina shi ke tsone maka ido. Sun san ba za su taɓa kamo Rasha ko Amurka a yawan makamai ba, tunda kowaccensu tana da dubbai, alhali a 2008 shugaban Faransa na lokacin, Sarkozy, ya sanar cewa na Faransa ba za su kai 300 ba. Lissafinsu shi ne, ba sai ka fi abokin gaba ƙarfi ba, ya isa ya tabbata cewa ko ya shafe ka daga doron ƙasa, akwai jirgi ɗaya a ƙarƙashin teku da zai yi masa ɓarnar da ba zai iya jurewa ba. Sun kuma ce ba za su taɓa makamin ba sai an taɓa abin da suke kira muhimman muradun ƙasa, amma da gangan suka ƙi fayyace ko mene ne waɗannan muradun, don kada maƙiyi ya san iyakar da zai iya tsayawa yana tsokana. Ba su kuma yi alkawarin cewa ba za su zama na farkon harbawa ba, kamar yadda Sin ta yi. Hasali ma a tsarinsu akwai abin da suke kira gargaɗin ƙarshe, wato harbi guda ɗaya da nukiliya don a nuna wa abokin gaba cewa ya ƙetare iyaka, kuma don irin wannan aikin ne suke da jiragen sama na Rafale masu ɗaukar ƙaramin makami mai linzami. Ni dai har yanzu hankalina ya kasa ɗaukar yadda za a jefa wa mutum bam ɗin nukiliya a kira shi gargaɗi, a kuma sa ran zai tsaya ya yi nazari maimakon ya rama.

To amma ba ma wannan ne ya ɓata mini rai ba. Na tambayi dattijon ko ya san inda aka fara gwada bam ɗin da yake sa shi minshari, sai ya ɗaga kafaɗa ya ce can cikin hamada, inda babu kowa. Jama'a, wannan kalma ta "babu kowa" ita ce ta tsaya mini a maƙogwaro. Ranar 13 ga Fabrairun 1960 Faransa ta tayar da bam ɗinta na farko a kusa da Reggane a kudancin Aljeriya, mai ƙarfin da ya ninka na Hiroshima wajen sau huɗu, a yankin da ke da garuruwa da gonakin dabino da makiyaya. Gwaji 17 ta yi a Saharar Aljeriya, huɗu a sararin sama, sauran a cikin dutse a In Ekker, inda a watan Mayun 1962 dutsen ya kasa riƙe gubar ta fito ta lulluɓe sojoji har da ministoci biyu da suka zo kallo. Duk wanda ya taɓa share ƙurar hunturu daga kan tabarma a Zinder ko Agadez ko Kano ya san daga ina iskar nan take tasowa. Wata taswirar sojan Faransa da aka fitar daga sirri bayan fiye da shekara hamsin ta nuna cewa ƙurar gwajin farko ta bazu a kan Afirka ta Yamma da Chadi, har ta kai kudancin Sifaniya. Daga baya sun kwashe gwaje-gwajen zuwa tsibiran Folinesiya, inda suka yi 193 kafin su daina a Janairun 1996, kuma sai a 2010 aka yi dokar biyan diyya ga waɗanda abin ya shafa.

A nan dole in sara wa maƙwabtanmu. Kwame Nkrumah ya riƙe kadarorin Faransa da ke Gana saboda gwajin, ita kuwa Najeriya, tana da wata uku kacal da samun 'yanci, a Janairun 1961 gwamnatin Abubakar Tafawa Ɓalewa ta kori jakadan Faransa daga Legas, ta hana jiragen Faransa na sama da na ruwa sauka a ƙasarta. Na faɗa wa dattijon wannan da ɗan alfahari, ko da yake ni ba ɗan Najeriya ba ne, kuma ya amsa cewa bai taɓa jin labarin ba. Na ƙara masa da cewa nahiyarmu ta haramta wa kanta makaman nukiliya da yarjejeniyar Pelindaba ta 1996, kuma Afirka ta Kudu da ta ƙera nata bama-baman da hannunta ta warware su. Mu kuma mutanen Nijar namu ya fi na kowa ciwo, domin tun daga 1971 an shafe shekaru da dama ana haƙar yuraniyom a Arlit ana kawowa ƙasar nan, kawuna ma can ya ƙare ƙuruciyarsa, ga shi yau gidansa a Zinder sai a wuni babu wutar lantarki.

Kuɗin da Faransa ta ware wa harkar makaman nukiliya daga 2024 zuwa 2030 ya haura Yuro biliyan 50, wanda idan aka juya shi zuwa sefa ya ninka kasafin kuɗin Nijar na shekara guda fiye da sau goma. Kuma ba na ganin alamar za su rage, tunda tun bayan da yaƙin Yukiren ya ɓarke ake ta zancen ko laimar nukiliyar Faransa za ta rufe sauran ƙasashen Turai, shugaba Macron da kansa ya buɗe ƙofar tattaunawar, da sharaɗin cewa yanke shawarar harbi yana nan a hannunsa. Zama ne na kar ta san kar, kowa ya ɗora yatsa a kan kunamar bindiga yana kiran abin zaman lafiya.

Ina gargaɗin duk ɗan uwan da zai zo wannan yanki da kyamara, musamman samarin da ke yawo da ƙaramin jirgin ɗaukar hoto marar matuƙi, kada ku kuskura ku tashe shi a nan, domin wurin soja ne, kuma baƙo mai takardar zama ta shekara guda ba shi da bakin doguwar gardama da jandarma. Ni kaina na goge daƙiƙu ashirin ɗin da na riga na ɗauka kafin a yi mini magana, shi ya sa kuke ganin jiragen kamun kifi a bayana maimakon abin da nake ba ku labari. Jirgin komawa Brest ya kusa tashi, kuma dole ta gaban shingen nan zai sake bi da mu, don haka zan kashe kyamarar in sa ta cikin jaka. Da daddare zan kira kawu in tambaye shi ko a shekarun da ya yi a Arlit an taɓa gaya musu inda ake kai abin da suke haƙowa.