Majami'ar Wesley da ke Landan: ginin da aka yi domin a ji wa'azi

Jama'a, barkanmu da yamma. Yau zan kai ku wani titi a Landan mai suna City Road, mu tsaya gaban majami'ar da mabiya ɗarikar Methodist ke ɗauka a matsayin uwar majami'unsu.

John Wesley, wanda ya assasa wannan ɗarika, limamin cocin Ingila ne, kuma har ya rasu bai fita daga cikinsa ba. Sai dai da yawa daga limamai sun hana shi mumbarinsu, shi ya sa ya koma wa'azi a fili, a bakin ma'adanai da kasuwanni. A 1739 ya samu wani kangon masana'anta a Moorfields, inda a da ake zubin igwa, ya gyara ya mai da shi wurin taro. Kusan shekara arba'in shi da mabiyansa suna can. Da ginin ya tsufa, sai aka aza harsashin sabo a watan Afrilun 1777, aka buɗe shi ranar 1 ga Nuwamba, 1778. George Dance ƙarami ne ya zana shi, wanda a lokacin shi ke kula da gine-ginen hukumar birnin Landan.

To, ku saurara da kyau, don nan ne abin da ya fi ɗaukar hankalina. Ginin na tubali ne, mai kusurwa huɗu, babu doguwar hasumiya. Idan ka shiga, idonka kan mumbari zai fara sauka, domin a tsakiya aka kafa shi, teburin jibi kuwa, wato inda ake ajiye gurasa da ruwan inabi na ibada, yana bayansa a wani lungu mai lanƙwasa. A yawancin tsofaffin cocin Turai, teburin ne ke gaba, mumbari a gefe. Nan an juya tsarin. Sannan aka zagaye ɓangare uku da bene mai kujeru, yadda na sama da na ƙasa duk suna kusa da mai magana. Ku tuna, zamanin babu lasifika. Muryar mutum ɗaya ce za ta kai ga kunnen kowa, kuma ginin kansa ne ke taimaka mata. Mumbarin ma asalinsa mai hawa uku ne, daga baya aka rage masa tsawo.

Ginshiƙan da suka fara ɗaukar benen nan kuwa, itatuwan jiragen ruwan yaƙi ne, waɗanda ake ɗaura wa filafilai, kyautar Sarki George na uku. A 1891, cika shekara ɗari da rasuwar Wesley, aka cire su aka sa na dutse mai sheƙi daga Faransa. An kuma ƙara tagogin gilashi masu launi. Suna da kyau, ban musa ba, amma ni zuciyata tana wajen itatuwan nan, domin sun fi dacewa da mutumin da ya so ginin ya zama tsaf ba tare da ƙawa ba. Alhamdu lillahi ba a zubar da su duka ba, wasu na nan a zauren shiga.

Gobara ta taɓa ginin a 1879, aka sake rufin ciki. A 1978 aka sake buɗe shi bayan babban gyara, Sarauniya Elizabeth ta halarta. A nan ne ma aka ɗaura auren Margaret Thatcher a 1951.

Gidan Wesley yana gefen harabar, a can ya cika ranar 2 ga Maris, 1791, kabarinsa kuma yana bayan majami'ar. Shekara hamsin da ɗaya bayan haka, wani ɗan mishan mai suna Thomas Birch Freeman ya sauka Badagry da wannan ɗarika. Mahaifiyar Wesley, Susanna, tana kwance a maƙabartar Bunhill Fields, tsallaken titi kawai. Yanzu bari in nuna muku hoton benen, ku ga yadda kujerun ke fuskantar mumbari.