An Danne Maka Maki a Jarrabawar Ɗaukar Aikin Gwamnati? Ga Inda Doka Ta Tsaya

Masu kallo, assalamu alaikum. Sunayen waɗanda suka ci jarrabawar ɗaukar aiki sun fito, ko ta Hukumar Ma'aikatan Tarayya ce, ko ta shige da fice, ko ta 'yan sanda, ka duba babu naka, alhali ka tabbata ka yi abin kirki. Daga ranar nan agogo ya fara bugawa, kuma lokaci na iya kayar da masu ƙorafi tun kafin a saurari hujjarsu.

Fara da tattara shaida: silif ɗin rajista, lambar jarrabawa, hoton sakamakon da ka gani a shafin hukumar da kwanan watansa, da tallar aikin. Idan kwamfutarka ta mutu ana tsakiyar jarrabawa, rubuta sunan cibiyar, lambar kujera da lokacin. Sai ka kai wa shugaban hukumar takardar koke, a buga maka hatimin karɓa a kwafinka. Koken baki ba ya barin sawu.

A ranar kuma ka aika buƙata a ƙarƙashin Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011. Hukuma na da kwana 7 ta amsa, tana iya ƙara wasu 7. Shirunta a idon doka ƙi ne, kuma kana da kwana 30 ka kai maganar kotu. Amma a nan mutane ke tuntuɓe: sashe na 19 ya ba hukuma damar hana tambayoyin jarrabawa da jadawalin amsoshi. Don haka kada ka tsaya a kansu kaɗai. Nemi makinka, makin da aka yanke wa jiharka, da ƙa'idar da aka bi wajen tace sunaye. Ka haɗa da Dokar Kare Bayanan Jama'a ta 2023, domin makinka bayaninka ne, kana da haƙƙin ganinsa.

Me ya sa muka ce makin jiharka? Saboda sashe na 14(3) na tsarin mulki ya wajabta raba guraben tarayya tsakanin jihohi. Wani daga wata jiha ya samu aiki da maki ƙasa da naka, wannan kaɗai ba zalunci ba ne a wurin alƙali. Ɗan jiharku da ka fi shi maki aka ɗauka aka bar ka, to nan akwai magana, kuma Hukumar Tabbatar da Daidaito a Ɗaukar Ma'aikata na sauraron irinta.

Akwai kuma Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, mai ofis a kowace jiha, kyauta. Tana iya kiran fayil ta duba, sai dai shawara take bayarwa, ba umarni ba, kuma ba ta taɓa maganar da ke gaban kotu ko wadda ta haura wata 12. In kuwa kuɗi aka nema a hannunka, wannan na hukumar yaƙi da cin hanci ta ICPC ne.

Yanzu kotu. Dokar Kare Jami'an Gwamnati ta ba da wata 3 kacal a shigar da ƙara. Lauyoyi na jayayya kan ko tana hawa kan shari'ar aiki. Kai dai ɗauke ta a matsayin wa'adinka. Jiran amsar koke ba ya tsayar da ita. Wasu hukumomin ma sai an ba su sanarwar wata 1 kafin a maka su, ka ga saura wata 2. Lauyanka ne zai tantance tsakanin Kotun Ma'aikata ta Ƙasa da Babbar Kotun Tarayya, kuma kuskuren kotu na iya cinye wa'adin gaba ɗaya.

Alƙali ba zai ɗauki jan biro ya sake maka maki ba. Abin da yake dubawa shi ne ko an karya ƙa'idar da aka shelanta, ko an yi kuskuren lissafi, ko an nuna bambanci irin wanda sashe na 42 na tsarin mulki ya haramta. Zai iya soke matakin, ko ya tilasta wa hukuma ta sake dubawa. Tun ranar shigar da ƙara ka roƙi umarnin wucin gadi na a ajiye gurbi ɗaya, kuma idan ku da yawa ne daga cibiya guda, ku shigar tare, kuɗin lauya ya ragu.