Idan kuɗin ƙungiya suka ɓace, wa ke sa wa mai bincike ido?

An kwafo wannan daga faifan laccar da wani lauya ya gabatar a Gusau, a taron ƙungiyoyin gama kai na ma'aikata.

Assalamu alaikum. Iyayena da yayyena, malamai, na gode da kuka ba ni wannan dama.

Akwai wani dattijo, tsohon malamin firamare, da ya taɓa zuwa ofishina da littafin ajiyarsa ƙunshe cikin leda. Kowane wata ana yankar wani abu daga albashinsa, ma'aji yana sa hannu, ga tambari a kowane shafi. Da ya tashi aurar da ɗiyarsa aka ce asusu ba kuɗi. Sun kai ƙara, an kama yaron da ke rubuta rasit, shugabanni suna yawonsu a gari. Duk lokacin da ya je tambaya, amsar ɗaya ce: "Ana kan bincike, Baba." A kan wannan amsar nake son mu tsaya yau.

Mu leƙa Indiya, don can bankunan gama kai manya ne ƙwarai. A watan Satumban 2019 asirin bankin PMC na birnin Mumbai ya tonu. Fiye da kashi 70 cikin ɗari na bashin da ya bayar, kamfanin gine-gine guda ɗaya ya ci, kuma an ɓoye ramin da asusun bogi sama da 21,000. Babban bankin ƙasar ya fara da ƙayyade wa kowane mai ajiya rupee 1,000 kacal, kuɗin Indiya. Kuɗinka, guminka, a ce ga abin da za ka taɓa! Wata guda kafin nan, a wata badaƙalar ta bankin gama kai na jihar Maharashtra, sai da babbar kotun Mumbai ta umarci 'yan sanda su buɗe fayil, domin akwai manyan 'yan siyasa cikin waɗanda ake zargi. A 2020 'yan sandan suka dawo suka ce ba su ga laifi ba, a rufe magana. Amma a tsarinsu ɗan sanda ba ya rufe irin wannan shi kaɗai. Sai ya kawo rahoto gaban alƙali, masu ƙorafi kuma su ce ba su yarda ba.

To mu fa? Ba zan yaudare ku ba, tilasta wa ɗan sanda bincike a nan yana da wuya. Marigayi lauya Gani Fawehinmi ya gwada, har Kotun Ƙoli, kuma a 2002 ta ce masa 'yan sanda na da ikon zaɓar yadda za su tafiyar da aikinsu. Sai dai hannun kotu bai ɗaure gaba ɗaya ba. Sashe na 35 na tsarin mulki ya ce wanda aka kama a kai shi kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, kwana biyu. Dokar shari'ar laifuka ta 2015, wadda jihohi suka kwaikwaya, ta ce umarnin tsarewa na farko ba ya wuce kwana 14, kuma mai bincike sai ya kawo dalili kafin a ƙara masa. Ta kuma hana kama wani a madadin wani. Wato ba a ɗauke matar ma'aji don mijinta ya gudu. Na san wasunku ba su ji daɗin wannan ba, ina ganin fuskokinku, amma tsare matar ba ya dawo da sisi.

Abin da ke dawo da kuɗi shi ne a riga ɓarawo zuwa banki. EFCC na iya roƙon kotu ta rufe asusu ko ta riƙe gida da fili na wucin gadi, kafin a sayar ko a juya su da sunan ƙane. Wannan roƙon ba ya tashi sai da takardu. Saboda haka kada ku je da baki kawai. Ku tafi da rasit, takardar albashi mai nuna yanka, da rubutaccen bayanin zaman da aka amince da ba da bashi. Ku karɓi kofin ƙorafinku da tambarin karɓa da kwanan wata, domin ranar da lauya zai ce wa alƙali an yi wata shida ba a motsa ba, wannan tambarin ne shaidarsa.

Wata Hajiya ta aiko da tambaya, ko NDIC, hukumar inshorar kuɗin ajiya a banki, za ta biya 'yan ƙungiya. Hajiya, NDIC na biyan masu ajiya a bankunan da Babban Banki ya ba lasisi ne, idan bankin ya durƙushe. A ƙananan bankuna an ɗaga abin da take biya zuwa naira miliyan 2 a 2024. Ƙungiyarku kuwa rajistarta na ofishin kula da ƙungiyoyin gama kai na jiha, wannan inshorar ba ta rufe ta ba. Ku rubuta wa ofishin ku nemi a turo mai binciken kuɗi ya buɗe littattafai. Malam da ke can baya, na ga hannunka, a miƙa masa lasifika.