Françoise Bonnot, matar da ta tace fim ɗin Z

Assalamu alaikum, masu kallo. Ku dubi wannan wurin da kyau. Dare ne, dandali ya cika maƙil, 'yan sanda sun yi cirko-cirko suna kallo. Wani ɗan majalisa ya fito daga taro yana tsallaka titi, sai ga wata 'yar mota mai ƙafa uku ta shararo, na bayanta ya ɗaga kulki ya rafka masa a ka. Abin bai wuce ƙiftawar ido ba. Amma a fim ɗin Z na 1969, sau da dama ana komo da mai kallo wurin nan yayin da masu shaida ke ba da bahasi, har ya fara gane da idonsa wa ke faɗin gaskiya, wa ke shara ƙarya.

Wadda ta jera hotunan nan ita ce Françoise Bonnot, 'yar Faransa, mai tace fim, wato mai yanka hotunan da aka ɗauka ta jera su. An haife ta a 1939 a Bois-Colombes, kusa da Paris. Sana'ar gado ce a wurinta, domin mahaifiyarta Monique Bonnot ma tace fim take yi, ta kuma yi aiki da darakta Jean-Pierre Melville.

A lokacin ba a tace fim da kwamfuta. Fim dogon zare ne a naɗe, hoto 24 a kowace daƙiƙa. Mai tacewa za ta ɗaga zaren ta duba a haske, ta yi alama da fensir, ta yanka, ta liƙa da salatif, guntayen da ta cire kuma ta rataye su a gefe ko za a sake nemansu. In ta rage hoto shida kacal, ta cire kwatan daƙiƙa ke nan, kuma wannan kwatan ya isa ya sa gaban mai kallo ya faɗi.

Labarin Z ba ƙage ba ne. Kisan Grigoris Lambrakis ne, ɗan majalisar Girka da aka kashe a Tasalonika a 1963. Sojoji sun ƙwace mulkin ƙasar a 1967, don haka darakta Costa-Gavras ya tafi Aljeriya ya ɗauki fim ɗin. Labarin bincike ne, cike da ofisoshi da tambayoyi, irin wanda kan sa mutum gyangyaɗi. Bonnot ta hana shi zama wuri ɗaya. Tana yankewa tun kafin magana ta huce, ta jefa ka cikin wani ɗakin. A 1970 aka ba ta kyautar Oscar ta tace fim, tana 'yar shekara 30.

Abin da ya fi burge ni shi ne, a shekarar 1969 da Z ya fito ita ce ta tace wa Melville fim ɗinsa L'Armée des ombres, kan Faransawan da suka yi wa mamayar Jamus turjiya a ɓoye. Can kuwa shiru ne da jira, hoto ya daɗe bai motsa ba har numfashinka ya yi nauyi. Hannun da ya iya gudu ya iya haƙuri, kuma wallahi haƙurin ya fi wuya.

Ta ci gaba da aiki da Costa-Gavras. Fim ɗinsu Missing na 1982, kan ɗan jaridar Amurka da ya ɓace bayan juyin mulkin Chile na 1973, ya samo mata kyautar BAFTA ta Birtaniya. Daga baya ta tace wa darakta Julie Taymor fina-finai huɗu, ciki har da Frida na 2002. Ta rasu a Paris a 2018, tana da shekara 78.

Yanzu bari mu sake saka wurin dandalin nan. Wannan karon ku kashe sauti, ku ƙirga sau nawa hoton ya sauya kafin ɗan majalisar ya kai ƙasa.